Jean Rouch, Bafaranshen da masuntan Ayoru suka gyara wa fim

A ƙarshen shekarar 1941 wani matashin injiniya ɗan shekara 24 ya sauka Yamai, gwamnatin mulkin mallaka ta Faransa ta ɗora shi a kan aikin hanyoyin da suka fita daga garin. Yaƙin duniya na biyu ya toshe komai, babu buldoza, babu kwalta, babu siminti. Abin da ke akwai shi ne mutane, dubban talakawa da aka kwaso daga ƙauyuka aikin tilas, kowa da kwandon ƙasa a ka. Sunan injiniyan Jean Rouch, kuma a lokacin bai taɓa ɗaukar fim ko ɗaya ba.

An haife shi a Faris ran 31 ga Mayu 1917. Mahaifinsa, Jules Rouch, hafsan sojan ruwa ne masanin yanayi, yana cikin ayarin Charcot da ya tafi ƙasar ƙanƙara ta ƙarshen kudancin duniya a 1908. Shi ya fara kai yaron majigi, suka kalli Nanook, fim ɗin da Ba'amurke Robert Flaherty ya yi a kan wani mafarauci na ƙasar ƙanƙara ta arewa, kuma har ya tsufa Rouch bai daina ambaton wannan fim ba. Ya karanta ginin gada da tituna, amma aikin farko da karatun ya yi masa shi ne fasa gadoji a 1940, don rage wa sojojin Jamus gudu. Da Jamus ta mamaye Faris sai ya riƙa laɓewa a wurare biyu: ɗakin adana finafinai na Henri Langlois, da gidan tarihin ɗan Adam, Musée de l'Homme, inda Marcel Griaule ke karantar da al'adun Afirka.

A Yamai ya haɗu da wani saurayi Basarke, ɗan masunta, mai suna Damouré Zika, abotar da ta kai su fiye da shekara sittin. A daminar 1942 aradu ta faɗa wa leburorinsa a wani wurin aiki, ta kashe goma. Damouré ya ce masa wannan ba maganar likita ba ce, aikin Dongo ne, iskan tsawa na Songhai da Zabarmawa, kuma kakarsa Kalia ce ta san abin da ake yi. Tsohuwar ta zo da masu goge da masu kiɗan ƙwarya, aka yi wasa, Dongo ya hau dokinsa ya faɗi dalilin fushinsa. Injiniyan yana tsaye yana kallo. Ya rubuta abin da ya gani ya aika wa masana a Dakar da Faris, suka ce ya ƙaro. Bai jima ba gwamnan Nijar, wanda ke bin gwamnatin Vichy, ya kore shi bisa zargin goyon bayan de Gaulle, ya tafi Dakar, daga can ya shiga soja.

Da aka gama yaƙi ya dawo da abokai biyu, Jean Sauvy da Pierre Ponty, da niyyar bin Kogin Kwara a kwalekwale tun daga mafarinsa a Gini har inda ya faɗa teku a Najeriya. Tafiyar ta fi kilomita 4,000, ta ci su wata tara, daga 1946 zuwa 1947. Rouch ya riƙo wata tsohuwar kyamara Bell & Howell da ya saya a kasuwar gwanjo ta Faris. Kamar yadda yake ba da labari, ƙafar da ake kafa kyamarar a kai ta salwanta tun a farkon tafiya, dole ya riƙa ɗauka a hannu, abin da ƙwararrun wancan zamani ke gani ganganci ne. Kyamarar kuma mai wanin hannu ce, ba ta wuce daƙiƙa ashirin da 'yan kai sai ta tsaya a sake wana ta. A ɗan tsakanin nan yakan canja wurin tsayuwa, ya yi tunanin abin da zai ɗauka gaba. Rabin abin da aka zo ana kira salon Rouch daga waɗannan matsaloli biyu ya fito.

A Ayoru ya ɗauki farautar dorina ta Sarkawa. Da ya koma Faris ba kuɗi, ya sayar wa kamfanin labaran majigi na Actualités françaises, su kuma suka yi yadda suka ga dama. Wasan borin da masunta ke yi kafin farauta don neman izinin iskokin ruwa, suka ɗauke shi suka kai ƙarshe, ya zama kamar murnar cin nama. Suka zuba kiɗa, suka ɗauko mai sharhin tseren keke ya yi ta zuzuta duhun Afirka, suka sa wa fim ɗin suna Au pays des mages noirs, wato a ƙasar baƙaƙen bokaye. Rouch ya ji kunya, amma ya ɗauki darasi ɗaya daga 'yan kasuwar: sun san inda ake ajiye abin da ya fi ɗaukar hankali.

Darasi na biyu, wanda ya fi na farko nauyi, a Ayoru ya same shi. Ya sake ɗaukar farautar dorina da fim mai launi, Bataille sur le grand fleuve, sannan a 1954 ya yi abin da masu binciken al'adu ba su saba yi ba: ya ɗauko janareta da majigi ya koma ya nuna wa mutanen da ke ciki. Aka rataya farin zane a jikin bango, dare ya yi, gari ya taru. Da farko injin mai haske aka zuba wa ido. Can sai aka fara gane fuskoki, aka ga waɗanda suka rasu a tsakani suna tafiya suna dariya, mata suka fashe da kuka. Aka sake nunawa, aka kuma sakewa. Da mamaki ya lafa sai gyara ya biyo baya. Rouch ya sa kiɗan mafarauta a daidai inda kwalekwale ke bin dorina, yana ganin ya kyauta tunda kiɗan nasu ne. Masuntan suka ce wa ya taɓa yin kiɗa a farautar dorina? Tana ji daga ƙarƙashin ruwa, kiɗa ƙarfin zuciya zai ƙara mata. Shiru ake yi. Mutumin da ya riga ya kare digirin dakta a kan addinin Songhai a 1952 ya gane cewa kundin da ya rubuta ba mai iya gyara masa shi a Ayoru, don ba mai karanta Faransanci, amma fim kowa ya gani ya faɗi ra'ayinsa. Daga nan ya rage sa kiɗan da ba a wurin aka yi shi ba, ya kuma mai da nuna wa mutane hotonsu ƙa'idar aiki, abin da ya riƙa kira binciken al'ada na tarayya.

A wannan zama ne wani maharbi, Tahirou Koro, ya ce in dorina ta burge shi, ya zo ya ga yadda suke kashe zaki da baka. Rouch ya shafe wajen shekara bakwai yana komawa yankin Yatakala, kan iyakar Nijar da Mali da Burkina ta yau, kafin La Chasse au lion à l'arc ya fito a 1965 ya ci kyauta a Venis. A wannan zama kuma Damouré da abokinsa Illo Gaoudel suka ce su ma a yi fim da su, amma na tafiya Kurmi.

Tafiyar Kurmin ce ta haifi fim ɗin da har yau ake faɗa a kansa. A Akara, babban birnin Gana da Ingila ke mulka a lokacin, Rouch yana binciken 'yan ci-rani daga Nijar, masu dako da leburori da 'yan tireda. A cikinsu akwai 'yan Hauka. Wannan reshen bori ne da ya ɓullo wajen 1925 a ƙasar Filinge, ta hannun wata mata mai suna Shibo, Hausawan Kurfai da Arewa suna ce musu Babule. Iskokinsu ba na daji ba ne ko na ruwa, Turawan mulki ne da 'yan barandansu: Gwamna, Janar, Kofur na gadi, matar likita, direban jirgin ƙasa. Kwamandan Faransa Croccichia ya kama su ya kulle, bai san ya yi wa kansa ba, don ba a jima ba shi ma ya zama iska a cikinsu, Kwamanda Mugu. Shugabanninsu na Akara ne da kansu suka gayyaci Rouch ya ɗauki babban wasansu na shekara a Agustan 1954, a gonar wani daga cikinsu a bayan gari.

Wanda ya kalli Les Maîtres fous ba ya mantawa. Ga suri an shafe shi da fenti, shi ne fadar Gwamna. Ga bindigogin katako, ga jan ƙyalle an ɗaura a ƙirji. Iska ta hau mutum, ido ya juye, kumfa na zuba daga baki, ya miƙe yana tafiyar soja, yana sara wa na gaba da shi, yana kara wuta a jikinsa don a san ba mutum ba ne yanzu. Aka yanka kare, iskokin suka zauna taron shawara a kan ɗanye za a ci ko dafaffe, sannan suka riƙa tsoma hannu cikin tafasasshiyar tukunya suna tsamo nama. A wani wuri aka fasa ƙwai a kan gunkin Gwamna, farin ya gangaro, nan take Rouch ya yanka zuwa Gwamnan Ingila na gaske a wurin fareti, farin gashin tsuntsu na zubowa daga hularsa. Washegari kyamara ta bi mutanen nan wurin aikinsu, ga su cikin hankalinsu suna murmushi, wasu suna haƙa rami a gaban asibitin mahaukata na Akara.

Da aka nuna shi a Musée de l'Homme a 1955, ɗakin ya kacame. Griaule, malaminsa, ya ce a lalata fim ɗin. Ɗaliban Afirka da ke wurin suka ce wannan kyauta ce aka miƙa wa masu cewa baƙar fata dabba ne. Ingila ta hana nuna shi a ƙasashen da take mulka, don ta gane da wa ake. A 1957 kuma ya ci kyauta a Venis. A ganina ɓangarorin nan biyu da suka fusata kowa ya ga gaskiya. Fim ɗin ya nuna yadda talaka ya karanci mai mulkinsa tsaf, har taku da tsawa da son taron banza. Amma Bature da ke zaune a majigin Faris bai san Filinge ba, bai san aikin tilas ba, abin da zai tafi da shi gida shi ne baƙin mutum da jinin kare a baki. Bayanin da Rouch ya rufe da shi, cewa wataƙila wasan magani ne da ke sa su jure rayuwar birni, ya yi wa abin sauƙi da yawa. Mutanen da aka ɗaure saboda sun ƙi biyan haraji sun ƙi bin sarakunan da Faransa ta naɗa, ba neman lafiyar ƙwaƙwalwa kaɗai suke yi ba.

Jaguar, wanda aka ɗauka a wannan tafiya amma bai kammala ba sai 1967, wani abu ne dabam. Damouré mai rubutun wasiƙa, Illo masunci, da Lam Ibrahim Dia Bafulatani makiyayi suka tashi daga Ayoru a ƙasa, suka ratsa Dahome da Togo, suka watsu neman kuɗi a Akara da Kumasi, suka haɗu suka buɗe tebur a kasuwa, damina ta kusa suka koma gida suka rabar da abin da suka samo. Ba a rubuta labari ba, da safe ake shawarar abin da za a yi. Tunda kyamarar ba ta ɗaukar murya, sai daga baya aka zaunar da Damouré da Lam a gaban hoton, suna kallo suna surutu, suna tsokanar juna, suna yi wa garuruwan mutane sharhi. Wannan surutun shi ne fim ɗin. Duk wanda ya taso a gidan da ake tafiya ci-rani zai gane fahariyar wanda ya dawo da tabarau da labarin da ya fi guzurinsa yawa.

Haka ya yi a Abijan da Moi, un Noir na 1958. Jaruminsa Oumarou Ganda ne, ɗan Yamai, tsohon sojan Faransa da ya yi yaƙin Indocin ya dawo yana dako a tashar jiragen ruwa, yana kwana a unguwar Treichville. Ya sa wa kansa sunan ɗan wasan Amurka Edward G. Robinson, ya bi hoton da muryarsa yana faɗin yunwarsa da mafarkinsa na zama zakaran dambe. Kusa da ƙarshe yana tafe a bakin ruwa, yana ba wani yaro labarin yaƙi, sai ya faɗi rub da ciki, ya yi kamar yana jifa da gurneti, ya tashi ya ci gaba da tafiya, kyamara na binsa tana girgiza. Fim ɗin ya ci kyautar Louis Delluc. Jean-Luc Godard, wanda a lokacin sharhin finafinai yake rubutawa, ya yaba shi matuƙa, kuma masana da yawa na ganin sawunsa a fim ɗin Godard, À bout de souffle na 1960. Sabon salon da ya girgiza finafinan Faransa yana da bashin ɗan dakon Treichville a wuyansa, ko da yake ba kasafai ake faɗa ba.

A bazarar 1960 masanin zamantakewa Edgar Morin ya ce masa ya isa haka, ya juyo da kyamara kan ƙabilarsa. Suka yi Chronique d'un été a Faris, suna tare mutane a titi da tambaya ɗaya, ko suna jin daɗin rayuwarsu. A nan kayan aiki suka cim ma burinsa: injiniya André Coutant na ƙera ƙaramar kyamara marar nauyi, ga rakodar Nagra, ga Michel Brault daga Kanada wanda ya iya tafiya da kyamara a hannu ba tare da ta yi rawa ba. Aka sami hoto da murya a lokaci guda, a kan titi. Akwai inda ake zaune ana hira, Rouch ya tambayi ɗaliban Afirka ko sun san ma'anar lambar da ke hannun Marceline Loridan, ɗaya daga cikin mutanen fim ɗin. Ɗaya ya ce ado ne, wani ya yi wasa da cewa ko lambar waya ce. Aka gaya musu lambar sansanin Auschwitz ce, inda aka kai ta tare da mahaifinta, shi bai dawo ba. Fuskokin suka canja a gaban kyamara. Tambayar akwai mugunta a cikinta, kuma Rouch ya san abin da yake yi: shi bai yarda mai kyamara ya laɓe kamar ba ya nan ba, yana ganin kyamara tsokana ce, ita ke sa mutum ya faɗi abin da da ba zai faɗa ba. Suka kira wannan cinéma-vérité, don girmama Dziga Vertov na Rasha. A ƙarshen fim ɗin suka tara waɗanda ke ciki suka nuna musu, aka yi ta musu a kan wa ya yi gaskiya wa ya yi wasan kwaikwayo. Abin Ayoru ne aka maimaita a Faris. Fim ɗin ya ci kyautar masu sharhi a Kan a 1961.

'Yan fim na Afirka da suka taso bayan 'yancin kai ba su sakar masa mara ba. A wata muhawara a 1965 Sembène Ousmane na Senegal ya gaya masa a fuska cewa shi da sauran masana Afirka suna kallon mutane kamar ƙwari. Ganda ma daga baya ya nuna bai gamsu da yadda aka ba da labarinsa ba, ya ɗauki kyamara ya ba da shi da kansa a Cabascabo, sannan Le Wazzou polygame ya ci babbar kyauta ta farko ta bikin finafinai na FESPACO a Wagadugu a 1972. Akwai kuma abin da ni ya fi damuna. A yawancin finafinansa na al'ada Rouch ba ya son rubuta fassara a ƙasan hoto, ya fi son ya bi da muryarsa. Sai ka ga tsoho na magana da Zabarmanci, bakinsa na motsi, amma abin da ke shiga kunnenka Faransancin Rouch ne, mai daɗi, mai kama da waƙa. Tarayyar tana da iyaka: su ke kawo shawara, su ke wasa, amma almakashin ɗakin tacewa da kalmar ƙarshe suna Faris.

Ya ji sukar, kuma amsarsa mafi kyau da raha ya ba da ita. A Petit à Petit, Damouré ya zama attajirin da ke son gina bene a Ayoru, ya tafi Faris ya ga yadda masu benaye ke rayuwa. Ya riƙa tare Farisawa a titi da ma'auni, yana auna kawunansu, yana cewa su buɗe baki ya ƙirga haƙora, yana tambayar ƙabilarsu, yana aika rahoto gida a kan wannan baƙuwar al'umma. Safi Faye ta Senegal, wadda ta fito a fim ɗin, ta zama darakta ita ma. A Cocorico Monsieur Poulet na 1974 kuwa, Lam da Damouré da Tallou Mouzourane fataken kaji ne a wata akwalar Citroën da ba takardu, wadda sai an kwance ta ko an yi mata dabara kafin ta haye Kwara. A sunan darakta aka rubuta Dalarou, haɗin farkon sunayen Damouré da Lam da Rouch.

Tsakanin 1967 da 1973 ya bi bikin Sigi na Dogon a duwatsun Bandiagara tare da Germaine Dieterlen, bikin da sai bayan shekara sittin ake maimaita shi. Amma in za a zaɓi fim ɗaya da ya tattara salonsa, Tourou et Bitti ne, na minti goma, wanda ya ɗauka a Simiri ta Zarmaganda a Maris 1971. Mutanen gari na neman iskoki su tsare musu gona daga fara, kwana uku ana kiɗa ba wanda ya hau. A rana ta huɗu da la'asar sakaliya Rouch ya ce bari ya ɗauki tsofaffin gangunan wasan guda biyu, tourou da bitti, ko don tarihi. Ya kunna kyamara daga bakin gari, ya shigo da ƙafa, ya wuce garken awakin da za a yanka, ya ratsa fili zuwa wurin makaɗa, mai ɗaukar sautinsa Moussa Hamidou na biye. Makaɗan sun gaji har sun tsaya, da suka ga bai kashe kyamara ba sai suka ɗauka ya hango wani abu, suka koma kiɗa. Nan take Kure, iskan da Zabarmawa ke lissafawa cikin iskokin Hausa, ya hau dokinsa yana neman nama, wata iskar, Hadyo, ta biyo baya. Rouch bai yanke ba har faifan ya kusa ƙarewa, ya ja da baya ya nuna yara na kallo, rana na faɗuwa. Ya ce shi ma a lokacin ba a hayyacinsa yake ba, ya sa wa yanayin suna ciné-transe, har yana ganin kyamarar ce ta kira iskokin. Ko mutum ya yarda da wannan ko bai yarda ba, tafiyar minti goman nan ba a taɓa shirya ta ba, kuma ba a iya maimaita ta.

Finafinansa sun haura ɗari, da yawa ba a gama tace su ba. Ya shugabanci Cinémathèque française daga 1987 zuwa 1991, yana cikin waɗanda suka assasa makarantar Ateliers Varan a 1981 bayan horon da suka bayar a Mozambik. A Yamai, wata cibiyar bincike da ya jagoranta ta zama wurin da matasa ke taɓa kyamara karo na farko. A nan ya ga zanen wani saurayi, Moustapha Alassane, ya ƙarfafa masa gwiwa, shi ne ya zo ya yi Aouré a 1962, ya kuma yi suna da finafinan zane masu motsi da na kaboyi.

A Fabrairun 2004 ya zo Nijar bikin tuna finafinan ƙasar, yana da shekara 86. Ran 18 ga wata da dare, a hanyar Tawa, motarsu ta yi hatsari kusa da Birnin Ƙonni. Matarsa Jocelyne da Damouré da Moustapha Alassane suna cikin motar, sun tsira, shi ya rasu. An binne shi a Yamai, aka sa wa cibiyar al'adu ta Faransa da Nijar sunansa. Damouré ya bi shi a 2009, Alassane a 2015. A Oktoban 2024, bayan dangantaka ta lalace tsakanin gwamnatin soja da Faransa, hukumomin Nijar suka sauya sunayen wasu tituna da wurare a Yamai. Titin de Gaulle ya koma na Djibo Bakary, cibiyar Jean Rouch kuma aka sa mata sunan Moustapha Alassane.